Akushi a ƙofar gida: wasiƙa daga Marsey zuwa Damagaram

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Zuwa ga iyayena da yayyena da ƙannena na Damagaram, na Birni da na Zengo, na Sabon Gari da na Garin Malam, da duk wanda wannan takarda ta iske a Mirya ko Magarya ko Matamaye. Ina gaishe ku, ina gaida iyali. Ya hunturu, ya ƙura? Ruwan famfo kam ba zan tambaya ba, amsar da na baro ita nake ji har yau a waya. Allah Ya kawo sauƙi.

Ni ɗanku ne, haifaffen Birni, neman abinci ya kawo ni Marsey, birnin bakin teku a kudancin Faransa. Sana'ata gashin burodi. Lokacin da kuke shimfiɗa tabarma bayan isha'i ni ina ƙoƙarin runtsawa, lokacin da barcinku ya yi nisa ni ina tsaye gaban tanderu. Azumi ya ƙarato, kuma kun san abin da ke biyo baya: mu na waje za mu fara haɗa kuɗin ciyarwa muna turowa gida. Kafin kuɗin su iso ina so mu yi wata magana. Sai dai ku yi haƙuri da ni, sai na bi ta gidan burodi kafin in iso ƙofar gidajenku.

Dogon burodin nan da mai shayi ke tsaga muku da safe a bakin tasha, ya zuba masa ƙwai ko wake, gadon Faransawa ne. Sun shigo garinmu a 1899, Zinder, wato Damagaram, ce hedkwatar mulkinsu a Nijar daga 1911 har 1926 da suka mayar da ita Yamai, da suka tashi tafiya suka bar mana lakwal, wato makarantar boko, da burodi. Fulawar ma daga waje ake kawo ta, shi ya sa duk sanda aka rufe iyaka, irin na 2023, burodin mai shayi ne ke fara ramewa. A wurinmu abin marmari ne, kalacin mai ɗan hali. Bahaushe zai cinye sanda guda ya ce maka yau bai ci komai ba. A nan kuwa shi ne tuwonsu, ba a zama cin abinci babu shi.

Kuma suna ji da shi. Tun 1993 akwai doka a kan wanda suke kira na gargajiya: ba a daskarar da kwaɓinsa, ba a zuba masa sinadarin gyara, fulawa ce da ruwa da gishiri da yis. A 2022 hukumar UNESCO ta sa shi cikin jerin al'adun duniya da ake adanawa. Ni dai abin da na sani na hannu ne. Kwaɓin yakan kwana a ɗakin sanyi yana tashi a hankali. Cikin dare in fito da shi, in yi bisimilla, in yanka a kan sikeli, in mulmula, in bar shi ya huta, sannan in miƙar da kowane ɗaya in jera a kan ƙyalle mai ninki don kada su manne da juna. Kafin su shiga wuta sai an tsaga bayansu da reza, tsagi a karkace, da sauri, don in hannunka ya yi jinkiri rezar za ta ja kwaɓin ta ɓata shi. A tura su, a saki tururi, minti ashirin da 'yan kai a fito da su. Idan suka sha iska ɓawon yakan riƙa ƙara ƙas-ƙas a cikin kwando. Kafin gari ya waye na ciyar da unguwa guda, kuma a duk unguwar babu gida ɗaya da na taɓa sa hannu a kwanonsa.

Faransawa da yawa sun daina zuwa coci, amma har yanzu akwai sauran addini a yadda suke riƙe burodi. Akwai wata tsohuwa mai zuwa mana da sassafe, in aka kifa mata shi a kan kanta sai ta juya shi da kanta tana tsaki. Ita ta gaya mini cewa mahaifinta ba ya yanka burodi sai ya zana alamar gicciye a ƙarƙashinsa da bakin wuƙa. A ibadarsu ta Lahadi ma burodi ake gutsurawa a raba wa jama'a, don tunawa da jibin ƙarshe da suka ce Annabi Isa, alaihis salam, ya ci da almajiransa. Abin da suka ɗora a kan wannan jibi ba aƙidarmu ba ce. Amma mu ma a Suratul Ma'ida mun karanta yadda Hawariyawa suka roƙi a saukar musu da abinci daga sama don su ci zukatansu su natsu, Annabi Isa ya roƙa ya zama idi ga na farkonsu da na ƙarshensu. A nan Marsey duk ranar 2 ga Fabrairu, tun kafin asuba, Kiristoci kan yi jerin gwano daga tsohuwar tashar jiragen ruwa zuwa cocin Saint-Victor, daga nan babban limaminsu ya wuce wani gidan gashi da ke kusa, wanda yake aiki tun 1781, ya sa albarka ga wani busasshen biskit mai siffar kwale-kwale. Mutane su sayi dozin su kai gida.

Larabawan Aljeriya da Tunisiya da Maroko, waɗanda suka cika unguwannin tsakiyar gari, nasu salon daban. Ba sa haɗa burodi da shara. Za ka ga an ƙulla busasshe a leda an rataye a jikin shinge ko a hannun kwandon shara, ko wani zai ɗauka. Na sha ganin dattijo ya sunkuya ya tsinci gutsure a ƙasa, ya sumbace shi, ya ɗora a kan katanga ya wuce. Duk sanda na ga haka sai in tuna innata tana sa mu tsince gero ƙwaya-ƙwaya a gindin turmi, tana cewa abinci ba a taka shi, ba a tsallake shi.

Wajen ciyar da mabukata kuwa, gaskiya sai a sara musu. Akwai ƙungiyar Restos du Cœur da wani ɗan wasan barkwanci mai suna Coluche ya kafa a 1985. A hunturun farko sun raba abinci sau miliyan 8.5, yanzu abin da suke rabawa a shekara ya haura miliyan 100 nesa ba kusa ba. A 2016 aka yi dokar da ta hana manyan kantuna lalata abincin da bai sayu ba alhali yana ciyuwa, dole su miƙa wa masu rabawa. A nan arewacin Marsey, lokacin kullen korona a 2020, ma'aikatan wani gidan abinci na McDonald's da aka rufe suka haɗu da 'yan unguwa suka mayar da wurin rumbun rabon abinci, daga baya hukumar birnin ta saye ginin. Ba zan raina wannan aiki ba. Cikin masu cin moriyarsa akwai 'yan'uwanmu da suka tsallako teku ba su da ko takarda.

Amma ku zo ku ga layin. Ina wucewa ta gaban wani wurin rabo idan na tashi aiki. Mutane a tsaye cikin sanyi, kowa da jakarsa mai taya, an ja hula har gira, ba mai kallon na kusa da shi. Na ga magidanci ya tsayar da 'ya'yansa a bayan kwana don kada su ga inda abincin gidansu yake fitowa. Kafin a rubuta sunanka sai ka kawo takardun da ke nuna abin da kake samu da abin da kake biya na haya. Masu rabon mutanen kirki ne, yawancinsu tsofaffin da suka yi ritaya, da fara'arsu. Sai dai akwai tebur tsakaninka da su, kuma kowa ya san gefen da yake tsaye. Ka karɓi ledarka, ka koma ɗakinka, ka rufe ƙofa, ka ci kai kaɗai. Wanda ya ba ka shi ma ya koma nasa gida ya ci nasa.

Ko a shagonmu na ga irin wannan. Akwai wata al'ada da ta shigo, mai saye ya biya kuɗin burodi biyu ya ɗauki ɗaya, ɗayan a ajiye wa wanda ba shi da shi. Da farko maigidana, wani dattijo Balaraben Aljeriya, yana rubuta adadin a allo, mai so ya tambaya. Allo ya cika da zane, burodi ya yi ta bushewa, don ba mai iya buɗe baki gaban layi ya ce a ba shi na sadaka. Da ya gane, sai ya goge allon, ya ajiye kwando a bakin ƙofa ta waje inda mai kanta ba ya hangowa. Tun daga ranar kwandon bai ƙara kai azahar da komai a ciki ba.

To, yanzu na iso ƙofar gida.

Waɗanda suka girme ni sun fi ni sanin ciyayya, amma yaran da aka haifa bayan an fara sa ƙyauren ƙarfe a Birni ƙila sai an ba su labari. Idan aka sallame magariba, a ƙofar gidan babban unguwa ake shimfiɗa tabarmi. Kowane gida a fito da akushin maigida a rufe da faifai, mu yara mu ne 'yan ɗauko, a jera su a gefe ɗaya. Buta ta zagaya. Dattijo ya jawo akushi ɗaya ya buɗe, kowa ya sa hannu, in ya ƙare a jawo na gaba. Yau tuwon gero da miyar kuka ta sha man shanu, na bayansa tuwon dawa da miyar da ko daddawa ba ta ji ba, duk haka za a bi su ɗaya bayan ɗaya, kuma ban taɓa jin an ce wannan na gidan wane ne ba. Alhali kowa ya sani. Akushi ai ba ya ɓoyuwa, mu da muke ɗaukowa mun san na kowa har inda ya tsage aka ɗinke. In akwai nama, ba mai kai masa hannu, dattijon ne zai gutsuttsura ya tura gaban kowa. Wanda ya zo wucewa a ce masa bisimilla, in ya ce alhamdu lillahi a sake cewa, sai an ga da gaske yake a ƙyale shi. Baƙon da dare ya yi masa a masallaci ba ya tambayar inda ake sayar da abinci, ladan zai riƙo hannunsa.

Abin da ban gane ba sai da na girma shi ne wannan. Akwai daren da wani gida ba a hura wuta ba. Maigidan zai fito kamar kullum, ya zauna inda ya saba zama, ya wanke hannu, ya ci ya ƙoshi, a yi hirar damina da shi, ya yi sallama ya shiga. Ba wanda ya ƙirga akushi a gabansa. A cikin gida kuma labari ya riga ya kai, don mata sun fi kowa lura da gidan da hayaƙi bai tashi ba. Kwano ya riga ya tsallaka katanga da sunan ɗanɗano: ga miyata ki ji ko gishiri ya ji. Kwanon da aka aiko da ɗanɗano kuwa malmala huɗu ne a ciki. Wata rana ita ma za ta mayar da shi da ɗan abin da ta samu, ko gyaɗa ce, don ba a mayar da kwano wayam. An ciyar da mutum da iyalinsa, gobe ya fito ya haɗa ido da kowa, don ba a taɓa kiransa mabukaci ba.

Iyayenmu ba su ƙago wannan da ka ba. Garin fatake ne, Zengo kanta masaukin ayarin Abzinawa ce, masu kawo gishiri da dabino daga Bilma su koma da gero, kuma garin da ke rayuwa da baƙi dole ya iya saukar baƙo. Sannan ga karatu. Malamanmu na zaure sun karantar da mu cewa Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, ya ce abincin mutum ɗaya yana isar biyu, na biyu yana isar huɗu, na huɗu yana isar takwas. Ya ce wa Abu Zarri in ya dafa miya ya yawaita ruwanta ya tuna da maƙwabtansa. Da wasu sahabbai suka yi kukan suna ci ba sa ƙoshi, ya tambaye su ko a rarrabe suke ci, suka ce e, ya ce su haɗu a kan abincinsu su ambaci sunan Allah. Wanda ya fi kama da ƙofar gidanmu shi ne labarin Ash'ariyawa, mutanen Yaman: in guzurinsu ya yi ƙasa a wurin yaƙi, ko abincin iyalansu ya ƙaranta a Madina, sai kowa ya kawo abin da ya rage masa a tara a mayafi ɗaya, a raba daidai da mazubi ɗaya. Annabi ya ce su nasa ne, shi nasu ne. Ku lura, a cikin mayafin nan ba a ware na mai yawa da na mai kaɗan ba.

Ban ce cin abinci kai kaɗai haramun ne ba. Aya ta 61 a Suratun Nur ta ce babu laifi ku ci tare ko a rarrabe. Kuma ba zan zauna a ƙasar mutane in yi ta zuga gida kamar ba ni na baro shi ba. Ita wannan ayar da makaho da gurgu da majinyaci ta fara, ta ɗauke musu ƙunci a sha'anin ci. Mu kuwa ciyayyarmu ta taɓa kaiwa Kara-Kara? Unguwar da aka tura kutare da waɗanda gari ba ya so, wa ya taɓa jawo akushi ya ce musu bisimilla? Almajiri fa? Yana tsaye a zaure da robarsa yana kiran "iya ko ɗan ƙanzo", sai an gama, an suɗe, sannan a juye masa abin da ya kwana har ya fara tsami, a kira shi sadaka. Alhali a Baƙara an hana mu nufar mummuna mu bayar, abin da mu kanmu ba za mu karɓa ba sai mun runtse ido. Matan da suka yini a gaban murhu, su suka surfa, suka daka, suka tuƙa, su ne na ƙarshen ci, wani lokaci ƙanzon tukunya ne rabonsu.

Kuma ciyayya tana aiki ne in gida ɗaya ya rasa, tara suna da shi. In rumbu ya ƙone a ko'ina fa? Tsofaffi suna ba da labarin yunwar El-Buhari ta 1984, fari ga rufe iyaka. Mu mun ga 2005 da idonmu, bayan fara da ƙarancin ruwan 2004, kuɗin buhun gero ya ninka, asibitocin tamowa suka cika da yara a jihar Zinder da ta Maradi, gwamnatin lokacin tana cewa babu yunwa. A Oktoban 2013 aka tsinci gawa 92 a hamada kusa da iyakar Aljeriya, kusan dukkansu mata da yara, da yawansu daga yankin Kance, ƙishirwa ta kashe su a hanyar zuwa neman abin da za su ci. Allah Ya jiƙansu. A irin wannan hali ana buƙatar rumbun gwamnati da lissafi da rajista da layi, irin abin da na ce na gani a nan. Wanda ya ce zumunci kaɗai zai tare yunwar shekara bai ga 2005 ba.

Abin da nake tsoro daban ne. Ina ganin muna sakin namu tun ba mu kama nasu ba. Tsarin da ke sa abinci ya isa ga mutum miliyan ba mu ɗauko shi ba, teburin nan da ke raba mai bayarwa da mai karɓa shi muka ɗauko, muka ƙara masa kyamara. Zuwana gida na ƙarshe na tarar ƙofar da muke ciyayya an ja mata katanga, kowa yana ci a falonsa gaban talabijin, yara kowa da farantinsa da cokalinsa. Na san dalilan: tsadar hatsi, gari ya faɗaɗa, maƙwabcinka ɗan haya ne da ba ka san asalinsa ba, matasa suna fada suna shan shayi har tsakar dare. Layya ce kaɗai na ga ba ta canja ba, raguna a miƙe a jikin itace an kewaye wuta da su a bakin titi yini guda, washegari yara su bazu da kwanoni gida-gida. Ko ita na ji ana cewa firiza ta fara cin rabon maƙwabta. Mu a nan doka ba ta yarda ka yanka a gida ba, sai a mayankar da hukuma ta amince, namanka ya zo maka a kwali, ka rasa wanda za ka ba.

Har maƙwabtanmu Kiristoci kwanon nan yana kaiwa gare su da. Mu aika musu naman layya, su aiko mana shinkafar Kirsimeti, kuma a Ma'ida ɗin nan dai aka halatta mana abincin Ma'abota Littafi, aka halatta musu namu. Ranar Juma'a 16 ga Janairun 2015, da aka fito zanga-zangar zanen ɓatancin da wata jarida ta nan Faransa ta buga, aka ƙona coci-coci a Zinder. Zafin ɓatancin ni ma na ji shi, a tsakiyarsu nake. Amma mutanen da aka ƙona wa wurin ibada ba su suka yi zanen ba, kuma ban yi tsammanin yaron da ya taɓa kai kwano gidansu yana cikin masu riƙe da fetur ba.

Mu nan muna ɗan kamantawa. Ran Lahadi, ranar da ba na aiki, mukan haɗu a ɗakin wani dattijonmu a hawa na biyar. Gero sai an yi sa'a, don haka da garin masara ko na alkama ake tuƙa tuwon, kukar kuwa ana auna ta da ƙaramin cokali don ba a san ranar da wata za ta zo ba. A ture kujeru, a shimfiɗa leda a ƙasa, a ajiye babban tire. Akwai Bazabarme, akwai Buzu, akwai Bakano da kullum sai ya ce miyarmu ba ta ji yaji ba, akwai mai digiri, akwai mai wanke-wanke a otal. Ni nakan zo da ragowar burodin Asabar, wanda ya ga dama ya dangwala a miya, wanda bai ga dama ba ya tafi da shi. Wani lokaci a ga sabuwar fuska, yaro ramamme da rigar sanyin da ba tasa ba, ya ratso Agadas da Libiya da teku. Ba mai tambayarsa komai sai ya ci. Za ka ga hannunsa yana rawa a loma ta farko, yana ɗiba kaɗan-kaɗan daga gabansa, dattijon yana turo masa nama da yatsa kamar bai lura ba. Sai an kai ga shayi sannan a ce, ɗan'uwa, daga wane gari?

Yanzu ga maganar kuɗin azumi. Bara aka turo mana hotunan rabo a WhatsApp, daga nan suka hau Facebook. An jera mata a rana gaban wani ƙyalle mai ɗauke da sunan masu bayarwa, kowace ta rungume tiyar gero da kwalin sukari da ledar taliya, an ce su ɗaga sama. A layi na biyu na gane wata ƙawar innata, matar da na sha furarta ba adadi, ta ja gyale ta rufe rabin fuska. Mijinta yana cikin masu fito da akushi a ƙofar da na ba ku labari. 'Yan ɗakinmu suna ta masha Allah, aiki ya yi kyau, ni kuwa na kasa kai hoton ƙarshe.

Na san daga inda abin ya samo asali. Na waje ne suke cewa a turo shaida, don an sha turo kuɗi su narke a hanya, kuma wanda ya kwana tsaye ya samo su yana da hakkin ya san inda suka shiga. Amma shaida ba sai da fuskar talaka ba. Allah Ya ce kada mu ɓata sadakokinmu da gori da cutarwa, Ya ce in mun ɓoye mun kai wa mabukata shi ya fi mana alheri. Hoton da zai zauna a wayar mutum dubu, jikokinta su gani, in ba cutarwa ba ne mene ne?

Don haka ga roƙona ga duk wanda kuɗinmu za su biyo ta hannunsa bana, kuma na faɗa wa na nan irin haka. Ku rubuto lissafi: buhu nawa aka saya a kasuwar Dole, nawa kowane buhu, nawa aka ba mai niƙa da mai itace da ɗan garuwa. Liman da mai unguwa su sa hannu. In hoto ya zama dole, ku ɗauki buhunan da tukwanen, sun ishe mu. Ɗanyen hatsi a kai shi gidaje bayan isha'i, ta hannun matan da suka san gidan da ke takaba da gidan da maigida ya tafi Libiya shiru. Dafaffe kuma kada a ƙulla shi a leda a miƙa ta saman kai. A shimfiɗa tabarmi a ƙofar masallaci, a zuba a manyan tire, a sha ruwa da dabino da kunu, a yi salla a dawo a zauna. Ku masu rabon ku zauna a ciki, Alhaji ya zauna, almajiri ya zauna, tire ɗaya. Kada a dafa wata tukunya daban ta 'yan kwamiti, don ranar da mai rabo ya san shi ma daga nan zai ci, ranar miya za ta ji mai. Matan da za su yi girkin a biya su ladan aikinsu, a kuma ɗebe musu nasu kafin a fitar. Zakkar fidda kai da za mu turo, mudun Annabi huɗu a kan kowane kai, a fitar da ita kwana ɗaya ko biyu kafin salla don ta iske tukunya, kada a bari sai an dawo daga idi.

Akwai ɗan'uwanmu da zai taso daga gida bayan ƙaramar salla. Wanda Allah Ya hore masa ya haɗo mana kuka da daddawa da busasshiyar kuɓewa, a daka, a ƙulle da kyau a leda biyu saboda warin daddawar a jirgi. Kilishi kam kada ku wahalar da kanku, doka ta hana shigo da nama, 'yan duwan na filin jirgi ƙwacewa suke.

A gaida dattawan unguwa, a gaida su inna. Allah Ya kai mu watan lafiya.

Naku,
ɗan Birni mai gashin burodi, Marsey.